Taura Uku a Baki Ɗaya

Yawancinmu ba ma jiran ƙarshen fim. Da zarar an kama mugu ko amarya ta koma ɗakinta sai mu danna na gaba, mu bar sunayen ma'aikata suna ta hawa sama ba mai karantawa. Amma duk wanda ya taɓa haƙurin bin sunayen nan zai lura akwai finafinan da suna ɗaya ke ta maimaituwa a cikinsu. Labari, shi ne. Ɗaukar hoto, shi ne. Ba da umarni, shi ne dai.

Idan muka ga haka mukan rabu biyu. Wasu su ce Allah ya yi wa bawan nan baiwa. Wasu su taɓe baki su ce handama ce kawai, ƙyashin biyan ma'aikata yake yi. Masu taɓe bakin suna da karin magana a bayansu, domin magabata sun ce taura biyu ba ta taunuwa, sun kuma ce hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. To ina ga taura uku?

Sai dai abin da ya fi damunmu ya wuce batun ko aikin zai yi kyau. Mutumin da ya riƙe alƙalami da kyamara da umarni shi kaɗai, ranar da zuciyarsa ta raya masa abin da bai dace ba, wa zai ce masa a'a? Shekara sittin da suka wuce wannan tambaya ta mutane ƙalilan ce. Yau ta shafi duk mai riƙe da waya, daga Kano har Lahodu.

Bakanike mai zanen kwaɗi

Domin mu auna zancen, bari mu ɗauki wani da ya shafe kusan shekara hamsin yana tauna taura ukun nan, kuma gidansa bai yi nisa da namu ba. Daga Sakkwato in ka bi ta Illela ka tsallaka Birnin Ƙonni, hanya za ta kai ka Tawa a ƙasar Adar. A can Mustafa Alasan ya yi zaman ƙarshen rayuwarsa. A takardun Faransanci Moustapha Alassane ake rubuta sunansa. An haife shi a 1942, ya rasu a Wagadugu ranar 17 ga Maris, 2015, ya bar finafinai wajen 30.

Kanikanci ya fara koya, amma tun yana yaro hannunsa na zane ne. Yakan zana hotuna ya haska su da fitila, jama'a su taru su kalla, tun bai san yadda ake haɗa fim na gaske ba. Zanen nan ne ya kai shi cibiyar bincike ta IFAN da ke Yamai, inda ya haɗu da Bafaranshen nan Jean Rouch, wanda ya daɗe yana ɗaukar finafinai a garuruwan bakin kogin Kwara. Daga baya ya tafi Kanada, ya zauna a hukumar finafinai ta ƙasar da ke Montreal, wurin Norman McLaren, gwanin zane mai motsi.

Fim ɗinsa na farko, a 1962, sunansa Aouré, wato aure, kuma labarin aure ne a wani ƙauyen Zabarmawa. A 1965 ya fitar da La Mort de Gandji, zane mai motsi a kan fadar wani sarkin kwaɗi da fadawansa, wanda ya samu kyauta a bikin fasahar baƙar fata na duniya da aka yi a Dakar a 1966. A wannan shekarar ya sake dawowa da kwaɗi a Bon Voyage Sim, fim na minti biyar da ke nuna shugaban ƙasar kwaɗi ya tafi ziyarar aiki maƙwabciyar ƙasa, da faretin sojoji da jawabai da duk wani burga da muka sani.

A 1966 ɗin dai ya yi fim ɗin da ya fi shahara da shi, Le Retour d'un aventurier. Wani saurayi, Jimi, ya dawo ƙauyensu daga ƙasar waje da akwati cike da kayan kaboyi, malafa da takalma da bindigogi, ya raba wa abokansa. Suka sauya sunaye, suka hau dawakai, suka fara kwaikwayon abin da suke gani a silima. Kafin a ankara wasa ya koma sata da faɗa, ƙauye ya rasa sakat. A 1972 ya yi F.V.V.A., haruffan farko na mata da motoci da gidaje da kuɗi a Faransanci, labarin ƙaramin ma'aikacin da son a sani ya kai shi ga taɓa kuɗin da ba nasa ba. Toula ya biyo baya lokacin da fari ke cin ƙasashen Sahel, a 1977 kuma ya yi Samba le Grand da 'yan tsana. Akwai ma wanda ya kira Kokoa, wato kokawa, inda kwaɗo da hawainiya da sauran dabbobi ke karawa a fili kamar yadda ake yi a Tawa ko a Sakkwato bayan girbi.

A yawancin gajerun finafinan nan shi ya tsara labari, shi ya zana ko ya ɗinka 'yan tsanan, shi ya ɗauka, shi ya ba da umarni. A Tawa otal ya buɗe, kuma a cikinsa ya keɓe wurin aikinsa. Da kwamfuta ta zo bai ce ya tsufa ba, ya koyi zane da ita. Shekara biyu bayan rasuwarsa, a 2017, babban gidan adana fasahar zamani na MoMA da ke New York ya ware kwanaki ana nuna finafinansa.

Me ya sa ya haɗa komai?

Amsar farko ita ce babu. A Nijar ta 1962, shekara biyu da samun 'yancin kai, babu makarantar koyon fim, babu wurin wanke faifai, balle jerin masu ɗaukar hoto da mutum zai zaɓa. Wanda ya ce sai ya tara cikakkun ma'aikata zai fara, har furfura ta riske shi bai fara ba. Rashin uwa ke sa a yi uwar ɗaki. Kanikancin ma ya yi rana, domin in kyamara ta tsaya shi zai kwance ta.

Mu duba wahalar zane mai motsi kaɗai. Fim yana gudu ne da hoto 24 a kowane sakan. Ko da mai zane ya rage aiki ya yi zane 12 a sakan, fim na minti biyar zai ci zane 3,600, kowanne ya ɗan bambanta da na bayansa. Mai handama ba ya zaɓar irin wannan aiki.

Mu mutanen gabashin Sakkwato wannan ba baƙon abu ba ne a wurinmu. Manomi a Lahodu ko Dinawa ko Marnona da damina gero da dawa yake yi a tudu. Rani ya yi, ya gangara fadama ya dasa albasa da tafarnuwa da shinkafa da ruwan Rima da madatsar Goronyo ke saki. Injin ban-ruwa ya ƙi tashi, shi ne bakanike. Ranar kasuwar Achida shi ne ɗan kasuwa. Ba mu taɓa jin an ce masa mai handama ba, cewa ake yi ya iya nema. Saboda haka yawan sana'ar da larura ta haifa ba abin zargi ba ne. Amma wanke Alasan daga handama bai amsa tambayarmu ta farko ba.

Ƙofofi uku

Raba aikin fim tsakanin mutane daban-daban yana da wani amfani da ba a cika faɗa ba. Kowane aiki ƙofa ce da labari zai bi kafin ya iso gare mu, kuma kowace ƙofa tana da mai gadi.

A ce labari ya zo wurin da aka kawo wa mace rasuwar mijinta. Marubuci ya rubuta cewa ta faɗi tana kuka. Mai ɗaukar hoto shi zai yanke ko ya matso da kyamara har kan hawayenta, ko ya tsaya a bakin ƙofa ya bar mu da sautin kukan. Darakta kuma shi zai ce wannan fitowar ta zauna ko a cire ta, da abin da yake so mai kallo ya tashi da shi. Kowannensu na iya taka wa ɗan'uwansa birki. Mai kyamara na iya cewa, “Oga, wannan ya yi yawa.” Marubuci na iya cewa ba haka mutanen garin nan suke yi ba. Gardamar da ake yi a wurin ɗaukar fim, wadda furodusa ke gani ɓata lokaci ce, sau da yawa a nan fim ke samun kunyarsa.

Shi ya sa a kotu ba a barin mutum ɗaya ya zama mai ƙara kuma shaida kuma alƙali, ko da shi ne ya fi kowa gaskiya a garin. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani. Wanda ya haɗa ayyuka uku ya sallami masu gadi biyu, kuma wanda ya rage abokin zuciyarsa ne.

Sai dai yawa ma maɓoya ce. Tun daga Turmin Danya, fim ɗin da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar a Kano a 1990 wanda ake ɗauka mafarin masana'antar finafinan bidiyo ta Hausa, mun sha ganin yadda ake yi idan wani fim ya tayar da ƙura. Marubuci ya ce ba haka ya rubuta ba. Darakta ya ce furodusa ne ya matsa. Furodusa ya ce abin da kasuwa ke so ke nan, 'yan kasuwa su ce ai masu kallo ne. Laifi ya yi ta yawo daga hannu zuwa hannu har ya ɓace. A 2001 Kano ta kafa hukumar tace finafinai, amma hukuma tana zuwa ne bayan an gama aiki, kuma almakashinta ba ya iya zama lamirin kowa. Shi kuwa wanda sunansa ya fito sau uku ba shi da wurin ɓuya. In fim ya yi ƙarya ƙaryarsa ce, in ya ci mutuncin wani shi ya ci.

Ke nan mutum uku na iya haɗa baki su yi ɓarna, mutum ɗaya kuma na iya riƙe amana. Abin dubawa shi ne ko akwai wata “a'a” mai rai a cikin aikin, a bakin wani take ko a ƙirjin mai aikin.

Inda Alasan ya ajiye tasa

Idan muka bi finafinansa da wannan ido, za mu ga mutumin da ya iya komai amma bai yarda ya zama shi kaɗai ba. Labarin Toula daga rubutun Boubou Hama ya ɗauko shi, dattijon marubucin Nijar, kuma tare da wata Bajamushiya, Anna Soehring, suka ba da umarninsa. A wani fim ɗin wani mai tatsuniya da ake kira Albarka ya ba wa fage, ya bar bakin mai magana ya ja ragamar labari. Mai iya rubuta nasa da ya je aron na wani, ya shigo da mai gadi ke nan da hannunsa.

Sai batun kwaɗi. Ya so ya yi wa masu mulki dariya, ya kuma yi, amma bai ɗora fuskar kowa a kan dariyar ba. Kujera da burgarta ya nuna, duk wanda ya tsargu shi ya sani. Wani zai ce tsoro ne, domin zamanin Diori Hamani ne, mulkin jam'iyya ɗaya, kuma kwaɗo ba ya kai ƙara. Wataƙila akwai wannan. Amma ko da taka-tsantsan ne ya haifi dabarar, ga abin da ta haifar: an kifar da gwamnatin Diori a 1974, gwamnatoci da yawa sun zo sun wuce, har yau kuwa wanda ya kalli shugaba Sim zai gane wani. Zagin mutum ɗaya yakan mutu tare da shi, hali kuwa yana nan.

Fim ɗin Jimi da akwatinsa shi ya fi nuna mana cikin mutumin. Ga mai sana'ar hoto yana amfani da hoto yana gargaɗin mutane a kan abin da hoto ke iya yi wa samari. Maƙeri ne ke nuna maka kaifin wuƙar da ya ƙera. Wanda yake tsoron abin da ke hannunsa haka, da wuya ya yi wasa da shi.

Ya kuma shafe shekara 15 yana shugabantar sashen fim na Jami'ar Yamai. Wannan ma'auni mun san shi tun kafin a ƙirƙiro kyamara. A Wurno Sarkin Musulmi Muhammadu Bello yake kwance tun 1837, mutumin da ya haɗa mulki da jagorancin yaƙi da rubutu a kan tarihi da shari'a da magani, ya kuma ƙarfafa sana'o'i a garuruwan ribaɗi. 'Yar'uwarsa Nana Asma'u ta yi rubutu da Larabci da Fulatanci da Hausa, sannan ta kafa tsarin 'yan taru, ta naɗa jajis suna kai karatu ƙauyuka. Matsayinsu daban, fagensu daban, amma darasin yana hawa kan kowane mai baiwa: ana gane albarkar hannu mai sana'a da yawa ne ta yawan hannuwan da ya koya wa. Wanda ya iya abu uku ya mutu da su a cikinsa, shi ne mai handamar gaske.

Akwatin Jimi yana aljihunmu

Yanzu mu dawo gida. Duk wanda ke karanta wannan rubutu a waya yana riƙe da abin da Alasan ya sha wahalar haɗawa. Shi zai ɗauki bidiyo, shi zai rubuta bayanin da zai ɗora a ƙasa, shi zai yanke inda za a fara da inda za a tsaya, sannan shi zai watsa a WhatsApp ko Facebook ko TikTok. Duka cikin minti biyu, babu mai gadi ko ɗaya.

A yankinmu wannan ba zancen nishaɗi ba ne. Shekaru ke nan 'yan bindiga suna addabar Goronyo da Rabah da Wurno da maƙwabtansu. A watan Satumba na 2021 an katse layukan waya a ƙananan hukumomi 14 na jihar Sakkwato, a watan Oktoba kuma aka kai hari kasuwar Goronyo aka kashe mutum sama da 40, a lokacin da labari ba ya fita sai da ƙyar. Wanda ya ga wannan zamani ya san darajar shaida. Gani ya kori ji, kuma sau da yawa sai an ga hoto ake yarda cewa ƙauye ya ƙone. Ba za mu ce wa kowa ya mayar da wayarsa aljihu ba.

Amma mun kuma ga ɗaya fuskar. Mun ga gawar mutum tana yawo a wayoyi tun ba a sanar da mahaifiyarsa ba. Mun ga tsohon bidiyo na wata ƙasa an liƙa masa sunan garinmu. Mun ga wanda ake zargi da sata, ko mai taɓin hankali a kasuwa, an mayar da shi abin dariyar dubban mutane, ba a tambaye shi ba, ba kuma za a iya gogewa ba. Su kansu masu ɗauke da makamai sun koyi ɗaukar kansu suna nuna bindigogi da damman kuɗi, yara suna kallo. Abin da Alasan ya nuna da akwati ɗaya a ƙauye ɗaya, yau yana shigowa ta kowace waya.

Tunda ba mu da ma'aikata, sai mu raya masu gadin nan uku a cikinmu, mu bar su su yi gardama. Marubucin cikinmu ya tambaya: abin da zan rubuta a ƙasan hoton nan na tabbatar da shi, wurin da ranar da sunan? Mai ɗaukar hoton ya tambaya: mutumin nan ya yarda a gan shi a haka, kuma da mahaifina ne zan matso da kyamara kusa haka? Ana iya nuna rumbun da aka ƙona da takalman da aka bari a hanya, duniya ta fahimci abin da ya faru, ba tare da an yaye mayafin mamaci ba. Daraktan kuma ya tambaya: me nake so ya biyo bayan wannan, agaji ko ramuwa ko dai yawan mabiya? In ukun sun kasa daidaitawa, a nemo na huɗu daga waje, a nuna wa yaya ko malami ko aboki mai faɗin gaskiya kafin a tura.

Kuma kada mu bar kyamararmu ta zama ba ta farkawa sai ranar masifa. Masu dashen albasa da asuba, masunta a Rima, tsofaffin da suka san tarihin ganuwa da unguwannin Wurno, matan da ke riƙe da karatun 'yan taru, duk suna jiran mai ɗauka. Alasan da bikin aure ya fara.

To, taura uku tana taunuwa? Rayuwar bakaniken nan ta nuna tana taunuwa, in mai taunawa ya san ba shi da wanda zai ɗora wa laifi, ya kuma bar ƙofa a buɗe ga mai ce masa a'a. Kyamarar da ke hannun saurayi a Lahodu yau ta fi wadda Alasan ya riƙe a 1962 fitar da hoto. Abu ɗaya Alasan ya fi shi. A wancan zamani masu fim na ƙasashen da Faransa ta raina sukan aika faifansu can a wanke, su zauna jira kafin su ga abin da suka ɗauka. A cikin jiran nan fushi yakan huce, mutum ya sake tunani, wani ya ba shi shawara. Mu an ɗauke mana wannan jira, sai dai mu ƙirƙiro shi da kanmu, ko da na dare ɗaya ne tsakanin ɗauka da turawa.